Kafin Montessori Akwai Gwaggo Malama

Ina roƙon ku ara mini hankalinku na ɗan lokaci, don maganar da nake tafe da ita ta daɗe tana ci mini tuwo a ƙwarya.

A zangon karatun da ya wuce, wata ranar Talata, muna zaune a aji ana ba mu lakca a kan tarihin aikin kula da walwalar jama'a. Malam ya ɗauko zancen tun daga Ingila, ya haye da mu Amurka, ya gabatar mana da Jane Addams, matar da ta buɗe gidan Hull House a birnin Chicago a 1889 domin agaza wa baƙi 'yan ci-rani da talakawan unguwa, har aka ba ta lambar yabo ta Nobel a 1931. Ya kawo Mary Richmond da littafinta na 1917, wanda ya tsara yadda ma'aikaci zai binciki matsalar iyali kafin ya sa hannu a cikinta. Da aka zo kan renon ƙananan yara, sai ga Friedrich Froebel na Jamus, wanda ya raɗa wa makarantarsa suna Kindergarten a 1840, sai kuma Maria Montessori ta Italiya, da ta buɗe gidan yaranta na farko a wata unguwar talakawa a birnin Rum a 1907. Muka rubuta, muka haddace, muka juye a takardar jarrabawa. Ni ma na ci, alhamdu lillahi.

Amma kafin a tashi na ɗaga hannu na ce, "Malam, to mu fa? Kafin Turawa su zo, wa ke yi mana wannan aikin?" Aji ya ɗauki dariya. Malam ya yi murmushi ya ce tambaya ce mai kyau, sai dai ba ta cikin manhaja. Ban ga laifinsa ba, abin da aka ba shi shi ya ba mu. Laifin namu ne gaba ɗaya, mu da muke karanta tarihin matan wasu ƙasashe har mu haddace ranar haihuwarsu, alhali matan da suka goya mu suna tafiya ɗaya bayan ɗaya, babu wanda ya rubuta ko layi guda a kansu.

Wadda ta sa na yi tambayar

Ni 'yar Dudunni ce, cikin ƙaramar hukumar Kusada. A unguwarmu akwai wata tsohuwa da kowa ke kira Gwaggo Malama. Babba da yaro haka suke ce mata, har wasu sun manta sunanta na yanka. Tun ina 'yar shekara uku mahaifiyata ke aje ni a gidanta da safe. Mukan kai mu ashirin a tsakar gida, a gindin bishiyar darbejiya. Manya daga cikinmu suna riƙe da allo suna biya babbaƙu, wasu sun kai farfaru. Mu ƙanana kuwa namu shi ne mu zauna kusa mu riƙa jin kunne, muna maimaita abin da ya shiga. In ta ga mun gaji, sai ta ce a aje allo. A yi 'yar tsana da kara, a gina ɗaki da laka, a ƙirga tsakuwa goma-goma, ta yi mana tatsuniyar Gizo da Ƙoƙi ko ta jefo kacici-kacici. A nan na koyi gaisuwa, da cin abinci da hannun dama, da jiran layi, da cewa "yi haƙuri" in na taka wani.

Ba karatu kaɗai take yi ba. Kowace safiya sai ta duba idon yaro da farcensa da kansa. In ta ga jikin yaro da zafi ko ƙuraje sun fara fitowa, sai ta raba shi da sauran, ta aika a kira uwarsa ta ce maza a kai shi asibiti, kada baƙon dauro ne. Matar da ta yi yaji gidanta take fara sauka, ita ce ke shiga tsakani har a yi biko. Ita ce uwar adashin unguwa. Ta riƙe marayu da yawa har ta aurar da su. Albashinta kuɗin Laraba ne, sai ɗan dami da kaka, wanda shi ma rabinsa a cikin yaran yake ƙarewa.

A hutun da ya gabata Allah ya yi mata rasuwa. Allah ya jiƙanta ya sa Aljanna ce makoma. Bayan sadakar bakwai na roƙi a nuna mini akwatinta na ƙarfe, wanda na san tana aje takardu a ciki. Da aka buɗe, gara ta cinye fiye da rabi. 'Yan ganyayyakin da suka tsira waƙoƙin wa'azi ne da ajami. A wurin wa ta koye su? Wa ya koya wa malamarta? Yara nawa suka bi ta hannunta cikin shekarun da ta yi tana wannan aiki? Duk waɗannan tambayoyi ne da za ta amsa mini cikin yini ɗaya da na zauna da ita da wayata. Ban zauna ba. Ina can ina haddace ranar da aka buɗe Hull House. Wallahi abin yana damuna.

Ba yau aka fara ba

Kada wani ya ɗauka Gwaggo Malama daga sama ta faɗo. Aikin nan yana da saiwa, kuma an rubuta wani ɓangare na tarihinsa, mu ne dai ba mu karantawa.

Shehu Usmanu Ɗanfodiyo, a cikin littafinsa Nurul Albab, ya soki malaman zamaninsa da ke koyar da almajiran waje suna barin matansu da 'ya'yansu mata cikin jahilci. 'Yarsa Nana Asma'u, wadda aka haifa a 1793 ta rasu a 1864, ita ce ta mai da wannan magana aiki. Ta yi rubutu da Larabci da Fulatanci da Hausa. Wajajen 1840 ta tsara abin da aka sani da 'Yan Taru. Daga kowane ƙauye ana samun dattijuwa mai mutunci da ake kira jaji, Nana ta naɗa ta da malfa da jan rawani. Jaji ce ke jagorantar tsofaffin mata da 'yan mata ƙanana su yi tattaki zuwa wurin Nana, su koyi karatu ta hanyar waƙoƙin da ke da sauƙin haddacewa, su koma gida su koyar da matan aure da ba su iya barin ɗakunansu. Sadakar da suke kawowa, irin su hatsi da zuma da man shanu, Nana kan raba wa mabukata. Su kuma matan ana hore su da duba marasa lafiya, da taimakon masu haihuwa, da wankan gawar mata, da sasanta masu rigima. Bayan rasuwarta, ƙanwarta Maryam ta ci gaba da riƙon wannan tsari.

Ku dubi shekarun da kyau. Lokacin da Froebel ke raɗa wa makarantarsa suna a Jamus, jajis suna kan hanya a ƙasar Sakkwato. Lokacin da Nana ta rasu, Jane Addams tana 'yar shekara huɗu. Sai da Nana ta yi shekara 25 a kabari kafin a buɗe Hull House. Ba ina faɗar haka don gasa ba ne. Ina faɗa ne don mu daina ɗaukar cewa tunanin tsara mata su ilmantar da mata, su kula da raunana, a jirgin ruwa aka kawo mana shi.

Wani abin lura a rubuce-rubucen Nana shi ne, ba manyan mutane kaɗai ta yi wa marsiyya ba. Ta yi wa maƙwabciyarta Halima, ta yi wa wata jaji mai suna Hauwa'u. Wato ita da kanta ta ga cewa rayuwar mace talaka mai hidimar jama'a ta cancanci a sa ta a takarda. Mu da muke da biro da waya da kwamfuta, me ya hana mu?

Su wa suka rubuta mana?

Ga inda kunya take. Waziri Junaidu na Sakkwato, jikan gidan Waziri Giɗaɗo mijin Nana, shi ya adana takardunta. Amma wadda ta zauna shekara da shekaru tana bin su ɗaya bayan ɗaya wata Baturiyar Ingila ce, Jean Boyd, da ta zo Nijeriya a 1955. A 1989 ta fitar da tarihin Nana mai suna The Caliph's Sister. A 1997 ita da Beverly Mack ta Amurka suka buga tarin rubuce-rubucen Nana gaba ɗaya. Beverly Mack ɗin ce kuma ta tattara waƙoƙin Hauwa Gwaram da Hajiya 'Yar Shehu aka buga su a Zariya a 1983 da sunan Alƙalami a Hannun Mata. Hauwa Gwaram malamar yaƙi da jahilci ce, ta yi amfani da waƙa wajen koya wa mata tsafta da renon yara. In wannan ba aikin walwalar jama'a ba ne, to mene ne?

Labarin Baba ta Karo ma haka ne. Tsohuwa ce da aka haifa wajajen 1877. Mary Smith ta zauna da ita a ƙasar Zazzau a 1949 da 1950, ta rubuta abin da ta faɗa, aka buga a 1954, shekara uku bayan rasuwarta. Baba ba ta haihu ba, amma ta yi riƙon 'ya'ya, kuma daga bakinta duniya ta san yadda riƙo da ƙawance da biki suke aiki a matsayin abin dogaron mace. Nan kusa da birnin Katsina, a Batagarawa, Polly Hill ta yi bincike a 1967, ta nuna irin cinikin da mata ke yi daga cikin gida, wanda ba ya bayyana a kasuwa amma shi ke riƙe da gidaje da yawa. Littafinta Rural Hausa ya fito a 1972. Mu nawa ne a makarantar nan muka taɓa buɗe shi?

Ko tarihin karatun boko na mata a jiharmu haka yake. A 1930, zamanin Sarkin Katsina Muhammadu Dikko, aka buɗe makarantar 'yan mata a Katsina, tare da ta Kano, su ne na farko a ƙarƙashin En'e a Arewa. Kusan shekara goma ke nan bayan buɗe Kwalejin Katsina ta maza. A 1939 aka buɗe makarantar horon malamai mata a Sakkwato. Masanin da ya bi diddigin wannan a takardun gwamnati, Peter Tibenderana, ɗan Yuganda ne, ya buga bincikensa a 1985. Ya nuna cewa ɗaliban farko 'yan kaɗan ne, kuma akasari daga gidajen sarauta da na ma'aikatan En'e suka fito. To, sauran miliyoyin yara mata na ƙauyuka irin namu, a hannun wa suke a wancan lokaci? A hannun su Gwaggo Malama da iyayensu.

Ban ce babu namu da suka yi ƙoƙari ba. Marigayi Dokta Yusufu Bala Usman ya zagaya garuruwan ƙasar Katsina yana hira da tsofaffi kafin ya rubuta littafinsa kan tarihin Katsina da aka buga a 1981. Ya nuna mana cewa bakin tsoho ma ɗakin karatu ne, muddin an iya tambaya, an kuma iya tace amsa. Rima Shawulu ya rubuta tarihin Hajiya Gambo Sawaba a 1990, matar da ta shiga NEPU tana 'yar shekara 17, ta sha ɗauri da duka saboda fafutukar 'yancin mata da talakawa, ta kuma cika gidanta na Zariya da 'ya'yan riƙo har ta rasu a 2001. An yi rubuce-rubuce kan FOMWAN, da aka kafa a Minna a 1985, Hajiya Aisha Lemu ta zama Amirarta ta farko, ƙungiyar da ta buɗe makarantu da asibitoci a jihohi da dama. Amma ku lura, duk waɗannan na birni ne, ko na gidan sarauta, ko na fagen siyasa. Ƙauye har yanzu shiru.

Me ya sa abin ya dame mu?

Wani zai ce, to an rubuta ko ba a rubuta ba, me zai ƙara wa tukunya? Ga amsata.

Na farko, aikin da muke shirin fita mu yi ya dogara da shi. Dokar ilimin bai-ɗaya ta 2004 ta sa renon ƙananan yara cikin ilimin tushe. Manufar ilimi ta ƙasa, bugun 2013, ta tanadi shekara ɗaya ta ajin share fage kafin shiga firamare. A takarda abin ya yi kyau. Amma je ka ƙauye ka ce wa magidanci ya kawo ɗansa ɗan shekara huɗu "nazare". Abin da zai zo masa a rai shi ne makarantar kuɗi ta 'ya'yan ma'aikata a birni, da yunifom da jaka da waƙoƙin Turanci. Zai ce wannan ba namu ba ne. Alhali shi da kansa a tsakar gidan wata Gwaggo Malama ya yi wayo. Da za a ce masa, abin da iyayenmu mata suke yi ne za a ƙara masa rumfa da magani da malamar da ta samu horo, da ba a sha wahalar shawo kansa ba. Ma'aikacin da bai san tarihin mutanensa ba kullum baƙo ne a garinsu, ko da a nan aka binne cibiyarsa.

Na biyu, lokaci ba ya jira. Matan da suka ga zamanin En'e, suka ga azuzuwan yaƙi da jahilci da aka baza a Arewa a shekarun 1950 ƙarƙashin jagorancin ɗan Katsina Malam Ahmadu Coomassie, suka ga shigowar shirin UPE a 1976 lokacin da aka bi gida-gida ana rubuta yara, yau duk sun haura shekara saba'in ko tamanin. Kowace damina, kowane hunturu, sai an rage. Takardun Arewa House da na ma'ajiyar tarihi ta ƙasa da ke Kaduna za su jira mu. Tsofaffin Dudunni da Kofa da Mawashi da Yashe ba za su jira ba.

Na uku, mu faɗa wa juna gaskiya game da furojet ɗinmu. Kowa ya san yadda ake yi. A je shagon kwamfuta, a ɗauko na wani da aka yi a wata jiha, a canza sunan gari da shekara, a ɗaure da baƙin bango, a miƙa. Babi na biyu cike da sunayen Turawan da ba mu taɓa ganin littafinsu ba. Bayan an ba da maki, sai ƙura da ɓeraye su gaje shi. Kuɗin iyayenmu ya tafi, ilimi bai ƙaru da ko ƙwayar gero ba. Alhali ɗalibar da ta koma garinsu ta yi hira da unguwarzoma uku, ta rubuta abin da ta ji da abin da ta gani, ta kawo abin da babu shi a intanet duk faɗinta. Ba mai cewa ta yi satar rubutu, don babu inda za ta sato shi.

Ga masu ja da ni

Na tattauna wannan magana da abokai a hostel da wurin cin abinci, na kuma sha suka. Bari in kawo masu nauyi daga ciki, don ba daidai ba ne in ɓoye su.

Wani ɗan ajinmu ya ce, "Ke dai kina son ki sa wa Nana Asma'u rigar da ba tata ba. Ita malamar addini ce, ba ma'aikaciyar walwala ba." Akwai gaskiya a maganarsa. Nana ba ta san wata sana'a mai satifiket da albashi da ake kira aikin walwalar jama'a ba, kuma don Allah ta yi abin da ta yi. Bai kamata mu murɗe tarihi don ya yi daidai da handawut ɗinmu ba. Sai dai a tuna, su ma na can ɗin ba da satifiket suka fara ba. Yawancin aikin jinƙai na Ingila da Amurka daga coci da ƙungiyoyin sadaka ya taso, daga baya jami'o'i suka mai da shi fanni. In an yarda a fara tarihinsu daga sadakar coci, me zai hana a fara namu daga zakka da wakafi da gayya da riƙo da 'Yan Taru?

Wata kuma, mai karatun kiwon lafiya, ta ce, "Kina yabon tsofaffi, kin manta irin ɓarnar da wasu al'adun suka yi?" Ban manta ba. Yankan gishiri da doguwar naƙuda a gida suna cikin abubuwan da ke jefa mata cikin lalurar yoyon fitsari, kuma duk wanda ya san asibitin Babbar Ruga a Katsina, inda ake ɗinkin wannan ciwo tun shekarun 1980, ya san ba ƙaramin abu ba ne. Tun shekarun 1970 likitoci a Zariya suka danganta yawan shan kunun kanwa da zafin wankan jego da ciwon zuciya bayan haihuwa. Cire beli da askar da ba a dafa ba ya halaka jarirai. Bulala ta kori yara da yawa daga karatu. Talla ta hana 'yan mata zama a aji. Duk wannan gaskiya ne, kuma dole ya shiga cikin rubutun. Tarihi ba kirari ba ne. Amma ta yaya za ka raba unguwarzoma da aska in ba ka san dalilin da ya sa take yankan ba, da wanda ya koya mata, da abin da ya sa mata suka fi yarda da ita a kan ma'aikaciyar asibiti? Likita ma sai ya ji tarihin ciwo yake rubuta magani.

Na uku ya ce, "Mu 'yan foliteknik ne, aikin hannu aka kawo mu koyo. Tarihi na 'yan jami'a ne." Ni kuwa na ce wannan aikin hannu ne tsantsa. Ɗaukar murya, ɗaukar hoton takarda kafin gara ta gama da ita, tsara bayanai a kwamfuta yadda wani zai iya nemowa, duk sana'o'in da ake koya mana ne a nan. 'Yan jami'a su zo daga baya su yi sharhi. Amma in ba a tara hatsi ba, me za a niƙa?

Abin da nake roƙo

Ba na son in yi ƙorafi in tashi. Ga abubuwa biyar da nake ganin ba su fi ƙarfinmu ba.

Ɗaya, ina roƙon malamanmu masu duba furojet, musamman a sassan walwalar jama'a da aikin jarida da kula da ɗakin karatu, su buɗe ƙofa ga irin wannan bincike. A bar ɗalibi ya ɗauki garinsu, ya yi hira da Hausa ko Fulatanci, ya haɗa muryar da ya ɗauka da kundin da zai miƙa. Batutuwa ga su nan birjik: malamai mata na makarantun cikin gida, unguwarzoma da dangantakarsu da asibiti, riƙon marayu, adashi, matan farko da suka shiga firamare a gundumar Kankia da abin da ya same su daga baya, da hanyar da waƙoƙin wa'azi na ajami suka bi suka iso hannun matan ƙauyukanmu.

Biyu, ƙungiyar ɗalibai ta nemi a ware mana kanta ɗaya a ɗakin karatu, da ma'ajiya ɗaya a kwamfuta, inda za a riƙa tara waɗannan hirarraki. Kuɗin da ake kashewa a daren bikin al'adu guda ɗaya ya isa a fara.

Uku, wannan mujalla tamu ta ware shafi a kowane fitowa domin mace ɗaya daga garin wani ɗalibi. Ba sai fitacciya ba. Edita, ga ƙalubale nan gare ka.

Huɗu, a yi aikin da ladabi. A nemi izinin tsohuwa da na mutanen gidanta kafin a kunna waya. A gaya mata inda maganarta za ta je. Abin da ta ce sirri ne a bar shi sirri, don irin waɗannan mata cikinsu cike yake da asirin gidajen mutane. In an gama, a koma a karanta mata abin da aka rubuta. Kada a je hannu rabbana, ko goro ne a riƙa.

Biyar, in Allah ya sa mun fita mun samu aiki a sashen ilimi ko na walwala na ƙananan hukumominmu, mu tuna da waɗanda suka rage. In za a buɗe ajin share fage, a fara zuwa gaishe su, a nemi shawararsu, a ba masu sauran ƙarfi horo a haɗa su da aikin. Iyaye sun riga sun yarda da su, kuma yarda ba a saye ta da kwangila.

'Yan uwana maza, kada ku ce wannan zancen mata ne. Kowannenku a bayan wata ya yi barci, a hannun wata ya fara cewa "ba, sin". Ku ma kuna da kaka da gwaggo da inna. Akwai ma tsofaffin maza da za su ba ku labarin iyayensu mata in kun zauna kun tambaya.

Ban ce a cire Montessori daga manhaja ba. A bar ta, ta yi aiki babba, kuma akwai abin koyi a wurinta. Hasali ma da na karanta yadda take barin yaro ya koyi ƙirga da abin da zai taɓa da hannunsa, tsakuwoyin Gwaggo Malama na tuna. Abin da nake cewa shi ne a gyara zama, a ba namu wuri a kan tabarma. Waiwaye adon tafiya, in ji Hausawa.

Hutu na ƙaratowa. Kowa zai koma gida da waya a aljihu. Kafin ka ƙarar da data a kallon bidiyon mutanen da ba su san da zamanka ba, shiga ɗakin tsohuwar gidanku, ka durƙusa ka gaishe ta, ka ce, "Kaka, wa ya koya miki karatu? Wa ya karɓi haihuwarki? Da aka rasa abinci, wa ya taimake ku?" Ka danna maɓallin ɗaukar murya, ka yi shiru. Ni na makara da tawa. Akwai wata tsohuwar unguwarzoma da ta rage a bayan gidanmu, na riga na aika mata cewa ina nan tafe ranar da na sauka.

Allah ya jiƙan waɗanda suka riga mu, ya ba mu ikon riƙe amanar waɗanda suka rage. Wassalam.